Alluna Arba'in a Lambun Jami'a

Ni mai rubutun allo ne, na shago da na bayan mota.
Daga Aboabo nake tasowa,
gwangwanin fenti a tsakanin ƙafafuna.
Ran Talata Dakta Oforiwa ta miƙo min takarda:
sunayen itatuwa arba'in, fari a kan kore,
kada harafi ɗaya ya kauce.

Na duba, na ce wannan yaren aljanu ne?
Ta yi dariya har tabaraunta ya zame.
Ta ce Latin ne, harshen da masu shi suka ƙare
suka bar shi yana gadin ganye.
Kalmar farko sunan gida ce,
ta biyu laƙabi,
irin wanda ake liƙa wa mutum a zango, ya bi shi har kushewa.

Nan na gane hanya.
Ai mu ma muna da Sanda Dogo, da Gado Mai Kunne,
da Lantana Ja, wadda har ta rasu ba ta yarda ja ce ba.

Kuka, digitata, wai mai yatsu.
Wata ƙarama ce da ke fama da ruwan Kumasi.
Na ɗora tafina a kan ganyenta,
biyar da biyar, muka gaisa.
Odum, excelsa, maɗaukaki,
wanda in ka nemi kansa sai hularka ta faɗi.
Zogale, oleifera, mai ɗauke da mai.
Shekara nawa muna kwaɗa shi da ƙuli,
ashe dukiyarsa na cikin ƙwaya, bai taɓa faɗa ba.

Na rubuta albus inda ake son alba,
ta sa na goge.
Ta ce namiji daban, mace daban.
Na ce kamar fari da fara ke nan.
Ta tsaya ta dube ni, ta ciro biro ta rubuta a littafinta.

Da muka zo kan tsamiya na ajiye buroshi.
Indica, wai 'yar Indiya.
Tsamiyar da kakata ta ce a gindinta aka binne cibiyarta?
Dakta ta ce wanda ya raɗa sunan a can ya ji labarinta,
bai tambayi inda ta fito ba,
kuma suna in ya shiga littafi ba ya fita.
Ban ce komai ba.
Ni da ubana da uban ubana duk a garin nan aka yi mana aski,
amma har jiya a Kejetiya
wata mai doya ta tambaye ni yaushe zan koma gida.
Na rubuta indica da kyau,
sai dai hannuna ya danna fiye da kima.

Allo na ƙarshe na goro ne.
Nitida.
Ta ce ma'anarsa mai sheƙi.
Sai ga Alhaji Muntari a idona, kakana,
zaune kan buhu da asuba,
yana kwance huhu, yana cire mai tsutsa,
yana yayyafa ruwa da yatsu uku
har jan goron ya kama hasken fitila.
Bai san baƙi ɗaya na boko ba.
Wani can a ƙasar sanyi, da busasshen ganye a gabansa,
ya ga wani sheƙin, ya ba shi suna.
Ba su taɓa haɗuwa ba.

Ban san ko ganyen ya nufa ko ƙwayar ba,
ban kuma tambaya ba.
Na wanke buroshi da kananzir,
na sayi goro biyu a bakin ƙofa,
na ba ta fara, na riƙe ja.
Ta gutsura, ta ɓata fuska, ta ce ɗaci.
Na ce ki jira, Dakta,
ki sha ruwa tukuna.