Minti Goma Sha Ɗaya

Ni na riƙe wayar, a Mokoyo, gindin bedin Alhaji Nomau.
Tsahiru ya rubuta labarin a bayan takardar siminti:
mai shayi da mai faci, inuwa ɗaya,
benci ya gota taki guda cikin rabon maƙwabci.
Shi ke nan fa. Taki guda.

Sai ruwan wankin kofi ya bi ƙarƙashin tayoyi.
Sai aka wayi gari da gishiri a gwangwanin sukari.
Sai ƙusa a hanyar kabu-kabun ƙanen mai shayi,
ƙanen ya dawo da abokai,
a minti na tara wani ya ɗauko gatari,
icce ya faɗi, kowa ya koma rana.
Mun so a yi dariya, daga baya a yi tsit.

Amma akwai mari a fitowa ta shida.
Mun ce wa Barmo, iska za ka mara, mu za mu sa ƙarar.
Hannunsa ya zarce.
Sha'aibu ya shafa kunci, ya ce ba komai,
irin ba komai ɗin da ake sakawa aljihu kamar canji.
Da muka sake ɗauka, turin da ya yi
sai da Barmo ya zauna cikin kwata da sabon yadinsa.

Kashegari ba benci, na Barmo ne dama.
Jibi ba buta, ta yayar Sha'aibu ce.
Wani ya goge sunan wani daga jerin ƙarshe.
Matansu suka bar gaisawa a famfo,
adashin jikka biyu ya watse,
yaro ya jefi yaro a hanyar lakwal
bai ma san kan zancen ba.
Yau wata bakwai.

Fim ɗin na yawo waya zuwa waya,
har direbobin Dakwaro na cewa,
kai, 'yan wasan nan sun iya fushi!
Ni nakan tsayar da shi daidai marin,
in ja da yatsa baya,
hannun ya koma wurin mai shi,
kuncin ya huce.

Bedin kuwa ba mu taɓa shi ba,
busasshen kututture muka sara a bakin Gulbi.
Yana nan da inuwar da za ta ishi mutum ashirin.
Barmo na bi ta gabas, Sha'aibu ta yamma,
awakin Alhaji ne ke kwance a ciki suna tuƙa.