Sarautar Hutun Bazara

Sun zo da manyan motoci uku ranar da aka rufe makaranta,
suka jibge su kan ciyawar da na sha wuyar rainonta.
Shekara ashirin da biyu ina goge daɓen nan a Duluth,
ban taɓa jin an ce in bar datti ba sai ranar:
"Ƙyale shi, Orville, ya fi kama da gaske."

Wasan, in ji su, ya haura shekara ɗari huɗu.
Da sarki a ciki, da ƙaninsa, da wasiƙar ƙarya,
da wani amintacce da aka kora bayan teku.
Yanzu sarkin kyaftin ne na 'yan ƙwallon kwando,
gadon mulkinsa teburin bakin taga a ɗakin cin abinci.
Wasiƙa ta koma saƙon waya,
kora kuwa, dakatarwar mako biyu.
Yaron da ya fito a sarki ya ba ashirin da shida baya,
sau biyu a yini ake aske masa gemu.

Malama Pruitt ba wanda ya gayyace ta.
Ƙarfe tara tana nan, bayan tulin wayoyi,
da littafin da ya sha salatif har ya ƙoshi,
wanda ta karantar har ta yi ritaya.
Suna faɗin nasu, leɓɓanta na faɗin na da.
Da ta ji a fim ɗin ba mai mutuwa,
da rawa za a ƙare, da balan-balan,
sai ta rufe littafin a hankali
kamar mai rufe idon mamaci.

Ni ma ta koyar da ni. Kujerar baya, jikin hita.
Tun kashi na biyu na yi barcina,
ta ba ni makin da ya dace da ni.
Amma fa na ga sarakuna.
Duk shekara sai an naɗa sabo a barandar nan,
ba kambi, sai jaket mai harafi a ƙirji.
Na ga wanda aka tuɓe ranar Talata
yana cin abincinsa a ɗakin tsintsiyoyina.
Na kankare rubutu daga bangon bayi
wanda ya fi guba saurin aiki.
Loka mai lamba ɗari biyu da sha huɗu,
ni na kwashe ta, na kai wa uwar yaron a kwali.
Ba ta buɗe ƙofar duka ba.

Saura kwana uku su tafi,
sarki ya tsaya gaban kyamara, magana ta ɓace masa.
Fitilu na ci, kuɗi na ƙonewa, kowa ya yi tsit.
Sai muryar tsohuwa, ƙasa-ƙasa,
ta miƙa masa baitin asali.
Ya karɓa bai sani ba, ya faɗa.
Ko rabin kalmomin ban gane ba,
amma tsikar jikina ta tashi,
mai riƙe da sandar makirfo ya manta hannunsa ya gaji.
Darakta ya ce, "Madalla. A sake, yadda aka rubuta."

Fim ya fito bayan tafki ya daskare.
Tare muka je, ni na tuƙa ta.
Baitin ba ya ciki.
Ni ina ciki, daƙiƙa biyu, ƙeyata da bokiti,
ina wucewa sarki na kuka.
Yaran gabanmu sun sha dariya,
ɗaya ta share ido da hannun riga.

A mota Malama ba ta ce uffan ba har muka haye gada.
Sannan ta ce, "Yarinyar nan, a daidai wurin ta yi kukanta."
Ta ce in ƙara hita.

Litinin na koma bakin aiki.
Akwai sauran ƙyalƙyalin rawarsu a tsagin daɓe,
tsintsiya ta bi ta bi, ya ƙi fita.