Allura da Inshora

Shekara ashirin da huɗu ina zaure ɗaya,
Kusa da Ƙofar Doka, riga bisa gwiwa,
Ina fitar da aska takwas da zaren tsamiya.
Hannun damana ne gonata, garmata allura.

Ran Talata na naɗe rigar Alhaji Nalado,
Zan kai Samaru ya ga inda aiki ya tsaya.
A gangaren gadar Kwangila
Bas ta kwashe mu ta baya, ni da mai babur.
Kukan birki kawai na riƙe,
A bakin mutane na ji saura.

A Shika na farka, hannu cikin siminti.
Likita ya ce ƙashi zai haɗe in Allah ya so,
Jijiya ce ta tsinke, ta yatsu uku.
Babban yatsa na kallon manuni kamar baƙo,
Tare suka girma, yau ba mai amsa kira.

Direban, Ɗantani sunansa, ya zo da kawunsa,
Ya durƙusa ya zaro takarda a aljihu,
Ta sha ninki har ta yi laushin tsumma.
Ya ce, "Malam, kwantar da hankali, motar na da inshora."

Muka hau bene a Sabon Gari, ni da ƙanena Sallau.
Fanka na juyi, wata yarinya ta danna na'ura,
Ta duba lamba, ta sake dubawa, ta cire tabarau:
"Baba, tambarin namu ne, takardar ba tamu ba ce.
A ina aka yanke ta?"
A tasha, gindin dalbejiya, wurin mai tebur da hatimi.
Ta nuna wa ɗan sanda ce a hanya,
Ba a yi ta don ta ɗauki asara
Ba, in ji ta, ta miƙo mini kayata.

Na ce, "Da ta gaske ce fa, nawa ne hannu?"
Ta jawo jadawali mai layi-layi:
Ido kaza, ƙafa kaza, yatsa kaza cikin ɗari.
Na bi layin ina neman hannun maɗinki,
Wanda ya yi wa ɗakin Iya rufin kwano,
Ya kai yara huɗu makaranta.
Babu shi. Yatsan kowa ɗaya ne a wurin inshora.

A gida magana ta rabu.
Liman ya ce diyya haƙƙi ce, ba kwaɗayi ba.
Iya ta ce, "Tsautsayi ba ya wuce ranarsa,
Ka bar wa Allah, gidan nan ba mu cin kuɗin jini."
Sallau ya ce mai motar na da irinta tara,
Shi ya sayi takardar, shi za a kai ƙara.

Mun kai.
An ɗage sai bayan Salla,
An ɗage lauya ya yi tafiya,
An ɗage ba a ga fayil ba.
Bencin kotu ya san nauyina,
Na koyi sana'a ta biyu da tsufana: jira.

An karɓe makulli a hannun Ɗantani tun makon farko.
Yanzu dako yake a kasuwa.
Duk Juma'a sai ya zo da lemo a leda,
Wani sa'in da ɗari biyar a dunƙule,
Ya ajiye gefen tabarma, ba ya kallon hannuna.
Na so in tsane shi. Na gwada. Abin ya ƙi gyara.

Rigar Nalado tana nan, jinin ya fita da wanki,
Aska shida sun tsaya, biyu na jirana.
Hagu na koyon tafiya kamar yaro mai tatata,
Ɗinkin ya karkace, in warware, in sake.
Zare ne ya gagare ni sakawa.
Ɗantani kan lashi bakin zaren, ya ƙanƙance ido,
Shi ke zura mini shi a allura.