Mabuɗin Tashar Marken Dogo

Kafin dogo ya zo, marke ne kaɗai a nan,
sai rijiyar da fatake ke shayar da jakai.
Kakana Nomau yana saurayi aka ɗebe shi aikin tilas,
kwandon tsakuwa bisa kai, kwana arba'in,
ladansa 'yan aninai da faso a dunduniya.
Ya ce ranar da jirgi ya fara kuka daga wajen Gusau
shanun Arɗo Jaɓɓi kwana uku suka yi a daji,
liman kuwa ya sallame tun a raka'a ta biyu.

Daga nan gari ya taso ya kewaye ƙarfe.
Gyaɗa ta hau sikeli, auduga ta hau, ƙirgi ya hau,
sule da sisi suka sauko.
Mata suka koyi miƙa ƙwarya ta taga,
hannu guda na fura, guda na canji,
suna gudu tare da tarago har gindin sigina.
Da kuɗin dafaffen rogo Inna Tumba ta sayi karsana,
ta sa mata suna Laraba, don ranar jirgin Ƙaura ce.

Nomau ya zama mai juya layi.
Jar tuta, koriyar tuta, fitila mai ido biyu,
da guntun dogo rataye a reshen marke.
In ya buga sau uku
ko kurma sai ya tattara kayansa.

Shugaban tasha Mista Ude ne, mutumin gabas.
Shekara goma sha ɗaya yana cin tuwon dawa da cokali,
ana yi masa dariya, yana ramawa da karyayyar Hausa.
Shekarar da ƙasa ta rikice
ya fita da dare a taragon gyaɗa, buhu lulluɓe da kansa.
Ya danƙa wa kakana mabuɗin ɗakin jira:
"Riƙe, Nomau. Ina zuwa."

Wasu sun zo bayansa da nasu mabuɗan.
Nomau bai nuna wa kowa nasa ba.

Tasha ba rana ɗaya ta mutu ba.
Kwalta ta ratsa, manyan motoci suka kwashe gyaɗa,
sannan gyaɗar ma ta ƙi ƙasa.
Jirgin Laraba ya koma na Alhamis,
ya koma na in-Allah-ya-kawo-shi.
Na ƙarshe, ba wanda ya san shi ne na ƙarshe,
ko hannu ba a ɗaga masa ba.

'Yan gwangwan suka kwance ƙusoshi,
gara ta ci tikiti,
jemagu suka gaje tankin ruwa.
Sikelin ne dai ya gagari ɓarawo.
Yara na hawa, allurarsa na cewa
ba wanda ya kai nauyin komai.

Nomau ya rasu da mabuɗi ƙarƙashin matashi.
Babana ya gada bai yi tambaya ba.
Ni ma haka.

Sai daminar bara.
Mutanen ƙauyukan bakin daji suka iso da asuba,
ba jaka, ba akuya,
wata da takalmi ɗaya,
wani tsoho rungume da tukunyar da ba komai ciki,
ruwa kuwa kamar da bakin ƙwarya.
Na ruga gida na ɗauko shi.
Ya shiga. Bai juya ba.
Ko tsatsa ce, ko an sauya kwaɗon tun ban zo duniya ba,
ban sani ba.
Da dutse muka fasa.

Yanzu gida bakwai ke kwana a ɗakin jira.
Zannuwa na shanye a tagar sayar da tikiti,
murhu uku na hayaƙi inda ake jibge buhuna.
Jiya wata yarinya, Hantsi, ta kara kunne a kan dogo,
ta ce mini tana jin wani abu.
Na ce zafin rana ne ke miƙar da ƙarfe.
Ta ce a'a.

Ban ja da ita ba.
Mabuɗin na aljihuna har yau,
mutumin ya ce yana zuwa.