Harufa Shida a Kan Dutse

Shekara arba'in da ɗaya ina sassaƙa sunayen matattu
a kan baƙin dutsen da aka ɓaro daga tsaunukan Penmachno.
Kuɗina bisa harafi ne.
Mai dogon suna ya cika mini tukunya,
mai gajere ya bar ni da ruwan shayi.

Ranar Talata, ana ruwa kamar da bakin ƙwarya,
sai ga wata da tsohon ciki,
lemarta ta karye haƙarƙari biyu.
Ta ce Nesta take, ta miƙo jiƙaƙƙiyar takarda:
kakarta ce ta cika, tana da tamanin da tara.
Na warware. Eirlys.

Na ajiye kurfi.
Rabona da sunan nan tun ina yaron shago,
ina share ƙura a ƙarƙashin bencin maigidana.

Ta ce, "Baba Idwal, a birni aka raine ni,
harshen kakata ya zube mini a hanya.
Me yake nufi?"

Na ce zauna, kujerar ƙura gare ta, amma ba ta cizo.
Kalmomi biyu ne aka ɗaura wa aure.
Eira, ƙanƙarar da ke sauka
kamar gashin tumaki ranar da aka yi musu aski.
Llys, tsiro, abin da ƙasa ta tofo.
Da suka tare kowa ya rage wani abu nasa,
suna ya gajarce,
ni mai lissafin harafi ni ne da asara.

Fure ne fari, da ƙyar ya ɗara yatsa,
kai a sunkuye kamar an kama shi da laifi.
Amma shi ke fara fasa ƙasa a wutsiyar Janairu,
lokacin da itatuwa duk sun yi lamɓo,
ba wanda ya gayyace shi.

Ta yi dariyar da hawaye ke bi a baya.
Ta ce, "Ashe shi ne labarin hular!
Daren da za a haife ta hanya ta toshe.
Mahaifinta, Meurig, mai fasa dutse,
ya fita kiran ungozoma, ƙanƙara iya gwiwa.
A gindin katangar coci fitila ta suɓuce masa.
Ya durƙusa yana tono da hannu,
yana zagin fitila, yana zagin dare,
sai yatsunsa suka taɓa wani abu mai rai.

Da asuba ya dawo, ba ungozoma, ba fitila.
Maƙwabciya ta riga ta yanke cibi.
Ya cire hula, ga furanni uku a ciki.
Mai jego ta dube shi sama da ƙasa ta ce:
na aike ka ungozoma, ka kawo mini ciyawa.
Har ya mutu tana yi masa gorin nan,
amma ita ce da bakinta ta raɗa sunan."

Ruwa ya ɗan tsagaita.
Ta dafa cikinta ta ce, "Fabrairu.
Likita ya ce mace."
Ba ta ƙara ba, ni ma ban tambaya ba.

Kwana uku na yi a kan dutsen tsohuwar,
na nutsa kowane harafi yadda gansakuka zai wahala kafin ya cinye shi.
Da na gama, ga wani ɓalli ya rage a ƙasa,
faɗin tafin hannu, gefe ɗaya a gutsure.
Na goge shi, na huda rami biyu na ƙusa,
na sake ɗaukar kurfi.

Hannuna ya yi rawa a kan harafin farko.
Ban taɓa sassaƙa suna ba
sai da shekaru biyu a ƙarƙashinsa, da ɗan layi a tsakani.
Wannan na bar ƙasansa fili.

Yana kan taga yanzu, kusa da butar shayi.
Ban rubuta shi a littafin bashi ba.