Jakar Doreen

A Batley, daren Asabar,
in an tashi daga masaƙa, mu wanke baƙin mai,
sule biyu a ƙofa, sai zauren kokawa.

Doreen Ackroyd a layin gaba,
rabin bulo cikin jakarta,
tana dakon Clifford, mai shigar attajirai,
ya faɗo ta igiya.
Mun san an shirya kayen tun a ɗakin tufafi.
To, sai me?
Shi kaɗai ne ubangidan da muka taɓa gani
a ƙasa, yana roƙo.

Masaƙa ta mutu, zaure ya bi sahu.
Yanzu katifu ake sayarwa a wurin,
ba mai faɗuwa kansu.

Jiya na ga Clifford a shagon magani,
gwiwa ta ƙi, yana dogara sanda.
Doreen ce ta riƙe masa ƙofa.