Daƙiƙa Goma Sha Ɗaya

Shekara goma sha tara ina ɗaukar bikin mutane
don in samu na batir.
Asabar kamu, Lahadi wuni,
Litinin in saɓa kyamara in nufi Tudun Nufawa,
inda Nna Wodu ke tsintar shinkafa a faifai
tana ƙirge da harshen da aka goya ta da shi.
Takan kai bakwai ta tsaya,
ta dube ni kamar ni na ɓoye mata takwas,
sannan ta ƙarasa da Hausa.

Na kai nawa faifan wajen 'yan kasuwa.
Alhaji Sammani ya kalli minti biyu,
ya ce, “Malam Ila, ina rawa? Ina jarumi?
Wa zai ba da kuɗinsa ya ga tsohuwa tana tuna abu?”
Ran nan bashi na sha shayi a Titin Gidan Zu.

Ban daddara ba.
Na ɗauki Buzu mai gadi a Bompai
yana zana wa ɗansa haruffan kakanni a ƙasa da tsinke,
tayar motar maigida ta bi ta kai.
Na ɗauki mai goro a Ayagi
wanda tsagen fuskarsa ya fi shi tuna garinsu.
Wata a Sabon Gari ta ce in kashe,
sai da na kashe ta buɗe baki.
Wannan yana kunnena, babu shi a ko'ina.

Da damina Nna Wodu ta rasu.
A ɗaukar ƙarshe akwai daƙiƙa goma sha ɗaya
da ta kau da kai daga gare ni
ta yi magana da wani da ba ya ɗakin.
Na zaga da muryar gida gida,
wani dattijo ya ce a sake sa masa,
ya saurara, ya girgiza kai.
Na bar ƙasan hoton babu fassara.

Jiya jikanta ya zo, ɗan sahu ne,
hannu duk baƙin mai.
“Tura min a waya.”
Na tura. Ya manna a kunne
nan bakin titi, cikin hon da hayaƙi,
leɓɓansa na bin nata,
yana tuntuɓe, yana komawa farko.
Wata ta ce, “Malam, za ka Kabuga?”
Ya ɗaga mata hannu ta dakata.

Kyamara na rataye a kafaɗata.
Ban taɓa ta ba.